Gona Ba Ta Shiga Kabari: Martani Ga Mai Son A Binne Ƙara Tare Da Mai Ita

Na karanta maƙalar da wani ɗan'uwa marubuci ya fitar kwanan baya a kan shari'o'in filaye da ke jibge a kotunan ɗaukaka ƙara, na kuma sake karanta ta don kada in ɗora masa abin da bai faɗa ba. Abin da Malam yake nema shi ne a yi doka mai cewa duk ƙarar gona, fili ko gida da aka ɗaukaka, idan mai ɗaukakawar ko abokin shari'arsa ya rasu kafin a yanke hukunci, to ƙarar ta faɗi ke nan. In ma za a sassauta, a ba magada kwana 90 daga ranar rasuwa su zo su maye gurbin mamacin, in suka wuce haka a rufe fayil, ba a sake buɗewa. Ya kafa hujja da cewa shari'a tsakanin rayayyu ake yin ta, cewa kotuna sun cika maƙil da fayilolin mutanen da suka daɗe a ƙasa, cewa magajin da ya damu da haƙƙinsa ba zai yi wata uku bai leƙa kotu ba, kuma cewa Indiya ta daɗe a kan wannan tsari. Hujjar da ya fi ba ƙarfi ita ce ta zumunci: bai kamata 'ya'ya su gaji gabar iyayensu ba.

Ban ga mugun nufi a rubutun ba, kuma cunkoson da ya dame shi ni ma ya dame ni. Amma maganin da ya kawo ya fi cutar illa, kuma waɗanda za su sha ɗacinsa su ne mafi rauni a cikinmu.

Akwai abin da maƙalar ta tsallake, alhali shi ne ƙashin bayan maganar. Idan ɗaukaka ƙara ta faɗi, ba canjaras aka yi ba. Hukuncin da ake kuka da shi ne yake zama daram, ɓangare guda ya tafi da gonar ba tare da wani alƙali na sama ya duba ko an yi daidai ba. Su kuma magada ba su da damar komawa kotun farko su sake sabuwar ƙara, domin hukuncin da ya hau kan mahaifinsu a kan wannan gona ya hau kansu. Ƙofar gaba an rufe, ta baya ma an rufe. Malam ya kira wannan kawo ƙarshen rigima. Ni abin da na gani shi ne an miƙa dukiya ga mutum saboda ya fi abokin shari'arsa tsawon rai. A juya maganar ta ɗaya gefen kuma. Mutum yana raye, ya biya lauya, ya biya kuɗin harhaɗa kundin shari'a, yana jiran ranar da za a saurare shi, sai abokin shari'arsa ya rasu a wani gari bai ma ji ba. Me ya yi da za a ce ya rasa gidansa? Laifinsa ne da Allah ya karɓi ran wani?

Cewa mamaci ba ya shari'a gaskiya ne, ba wanda ya yi musu. Ba a aika wa kabari sammaci. Sai dai abin da ake jayayya a kansa ba jikin mamacin ba ne, gona ce, kuma gonar tana nan, damina za ta sauka a kanta, wani zai shuka, wani zai girbe. Tsohuwar ƙa'idar Turawan Ingila da Malam ya jingina da ita, mai cewa ƙarar da ta shafi mutum kansa tana mutuwa tare da shi, tun asali ta fi shafar abin da ya taɓa jikin mutum ko mutuncinsa. Su kansu masu ƙa'idar sun rage mata ƙarfi da dokar da suka yi a 1934, wadda ta bar yawancin haƙƙoƙin ƙara su wuce ga dukiyar mamaci, aka ware irin su ɓata suna. To mu da muka aro rigar, don me za mu ɗaura ta fiye da yadda mai ita ya ɗaura?

A Musulunci kuwa maganar a fili take. Mutum na cikawa, abin da ya bari ya tashi daga hannunsa: a yi masa sutura, a biya bashi, a zartar da wasiyya cikin sulusi, saura na magada ne. Bashin da ake bin sa ba ya faɗuwa, wanda yake bi ma ba ya faɗuwa. A mazhabar Malikiyya har haƙƙin shuf'a, wato fifikon da abokin tarayya yake da shi a kan kason da aka sayar, ana gadonsa. Duk wanda ya taɓa zama a gaban alƙali a ƙasar Hausa ana rigimar gado ya ji ana maganar yaminul ƙala'i, rantsuwar da ake ɗora wa mai da'awa a kan mamaci bayan ya kawo shaidunsa, saboda wanda zai ƙaryata shi ba ya nan. Malaman fiƙihu ba su ce a kori da'awar ba don mutum ya mutu, ƙara mata tsaro suka yi. Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978 ita ma, a sashe na 24, ta yi tanadin yadda haƙƙin zama a kan ƙasa zai koma ga magada. Ta yaya za a ce ɗa ya gaji gona, amma bai gaji ikon kare ta a gaban alƙali ba? Wannan kamar a ba mutum ɗaki ne a hana shi makulli.

Sai batun cunkoso. A nan an bar jaki ana dukan taiki. Kafin a tambayi me ya sa fayilolin matattu suka yi yawa, a fara tambayar me ya sa mutane suke mutuwa suna jiran hukunci. Ɗaliban lauya a Najeriya duk sun san shari'ar Ariori da Elemo, rigimar fili ce a Legas da aka shigar a 1960, ba ta fito daga Kotun Ƙoli ba sai 1983, kuma abin da aka yanke shi ne a koma a sake ta daga farko. Shekara 23 ke nan, aka dawo inda aka tashi. A Arewa tsanin ma ya fi tsawo, domin rigimar gona takan faro daga kotun yanki ko kotun shari'ar Musulunci, ta hau ta sama da ita, ta je Babbar Kotu, ta je Kotun Ɗaukaka Ƙara, kafin ta kai Abuja. Wasu kuma sukan bi ta Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Shari'a, su ɓata shekaru, sannan a ce musu ba ta da hurumi, domin sashe na 277 na Tsarin Mulkin 1999 ya taƙaita ta ga al'amura irin su aure, gado, wasiyya, kyauta da waƙafi, kuma Kotun Ƙoli ta tabbatar a wata shari'ar gona a shekarar 2000 cewa jayayya a kan mallakar ƙasa zalla ba ta cikinsu. Dattijon da ya fara wannan tafiya yana da shekara sittin, da wane ƙarfi zai ga ƙarshenta?

Kuma ba wai ƙasar nan ba ta san yadda ake sauri ba. Sashe na 285 ya ba kotun ƙarar zaɓe kwana 180 ta gama, ɗaukaka ƙara kuma kwana 60. Duk bayan babban zaɓe ana kwashe alƙalai a tura su wannan aiki, shari'ar manomi ta koma jiran sai an gama da ta masu neman kujera. Kotun Ƙoli da tsarin mulki ya yarda ta kai alƙalai 21, ba ta cika wannan adadi ba sai a watan Fabrairun 2024. Ga ɗage zama saboda lauya bai zo ba, ga kundin shari'a da ake wata da watanni ba a harhaɗa ba. Wanne daga cikin waɗannan ne laifin marayu? Sashe na 36 ya yi wa kowane ɗan ƙasa alkawarin a saurare shi cikin lokacin da ya dace. An saɓa wa uba wannan alkawari har ya mutu, sannan a ce 'ya'yansa ne za su biya tarar jinkirin?

Akwai wani haɗari da nake roƙon Malam ya tsaya ya dube shi da kyau. Ranar da aka ce mutuwa tana kashe ƙara, ranar jinkiri ya zama makami. Mai kuɗin da ya ci shari'a a ƙasa, ya san tsohon da ke ja da shi yana fama da hawan jini, me zai sa ya yarda a yi sauri? Yau roƙon ƙarin lokaci, gobe ƙorafi a kan hurumi, jibi a canza lauya. Kowace ɗagewa tana matso da shi kusa da gonar. A garuruwan da filin awon igiya na bayan gari ya zama zinariya, dillalai suna zagaye gonakin gado kamar ungulu, ban so a yi dokar da za ta sa wani ya riƙa ƙirga kwanakin ɗan'uwansa. Ban ma so in ambaci abin da ya fi wannan muni ba, amma duk mai hankali ya san inda kwaɗayin ƙasa yake kai mutane.

Fayilolin da da gaske an yi watsi da su kuwa, kotu ba ta rasa abin share su ba. Ƙa'idojin Kotun Ɗaukaka Ƙara sun ba mai ɗaukaka ƙara kwana 45 ya shigar da hujjojinsa a rubuce bayan kundi ya iso, in ya yi sakaci ana iya neman a kori ƙarar. Sun ɗora wa lauya nauyin sanar da kotu da sauran ɓangarori da zarar ya ji wanda yake wakilta ya rasu, sun ba da dama a nemi maye gurbinsa, sun kuma ce a cire ƙarar daga jerin waɗanda za a saurara idan aka gane wanda ba a iya yi sai da shi ya mutu. Tsintsiyar tana nan a jingine, hannun da zai yi shara ne ya yi ƙaranci.

Inda maƙalar ta fi sosa mini rai shi ne inda ta ce magajin kirki ba zai yi kwana 90 bai je kotu ba. Wannan magana ce ta wanda yake kallon gidan mutuwa daga tagar ofis. Bari in faɗi abin da na gani a gidanmu.

Baffana ya yi shekaru yana shari'a a kan wata gonar fadama. Shi yana cewa jingina kakanmu ya bayar da ita, 'ya'yan wanda aka jinginar wa suna cewa sayarwa ce. An ba su gaskiya a ƙasa, ya ɗaukaka, har magana ta kai Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Kaduna, lokacin ba a buɗe reshen kotun a Kano ba. Mutum ne mai riƙe cikinsa, takardun duk suna cikin wata baƙar leda a ƙasan adakarsa, tare da rasiɗan kuɗin lauya da ya ninke kamar laya. Ya rasu da bazara bayan sallar asuba, kafin azahar an kai shi. Babu takardar asibiti, babu ta hukumar ƙidaya, kamar yadda ake yi a yawancin ƙauyukanmu. Lambar wayarsa kaɗai lauyan yake da ita, wayar kuma aka kashe aka ajiye. Babban ɗansa yana ci-rani a Kudu, ya zo ya yi kwana bakwai ya koma, sauran yara ne ƙanana. Sai bayan matarsa ta fita takaba, aka zo fitar da kaya don rabon gado, sannan aka buɗe adakar. Ta aika aka kira ni, ta miƙo mini ledar ta ce, "Ɗan nan, duba mini, ko na asibiti ne a ƙona." Na buɗe na ga tambarin kotu, na ce, "Inna, ai takardun gonar fadama ne, shari'ar tana nan ba a gama ba." Ta yi shiru, sannan ta ce, "Malam bai taɓa zaunar da ni a kan maganar nan ba. Ni na ɗauka ta wuce tuntuni."

Wata na biyar ke nan da rasuwarsa. A dokar da Malam yake so, gonar ta riga ta tafi tun Inna tana cikin takaba. Takaba wata huɗu ne da kwana goma, kusan kwana 130, ta zarce wa'adin nasa da kwana arba'in. Na san shari'a ta yarje wa mai takaba ta fita don lalura, amma wace mace ce a cikin wannan hali za ta hau mota zuwa birni neman lauyan da ba ta san sunansa ba, a kan shari'ar da ba ta san da ita ba? In kuma mamacin ya bar mace da ciki, a Malikiyya ana dakatar da rabo ne sai ta haihu, a san ko su waye magadan. Jaririn da ke ciki shi ma sakaci ya yi? Gidan da ke da mata uku da 'ya'ya ashirin, wasu a Legas, wasu a Agadas, wasu an aurar da su nesa, kafin a haɗa kansu su yarda da wanda zai wakilce su ai sai an sha fama. Ayar Suratun Nisa'i da ta yi gargaɗi a kan cin dukiyar marayu ba ta ware wanda ya ci ta hanyar ƙarewar wa'adi ba.

Misalin Indiya da Malam ya kawo, rabinsa ya kawo. Gaskiya ne dokar shari'ar madaniyya ta ƙasar, ta 1908, tare da dokar wa'adi ta 1963, sun ba da kwana 90 a shigo da magada, in ba a yi ba ƙara ta faɗi. Amma dokar ta fara ne da cewa mutuwa ba ta kashe ƙara matuƙar haƙƙin yana nan. Bayan kwana 90 ɗin akwai ƙarin kwana 60 na neman a farfaɗo da ita, bayan su ma kotu tana da ikon yafe jinkiri idan an kawo uzuri mai ƙarfi. A 1976 sai da suka ƙara doka da ta tilasta wa lauya sanar da kotu rasuwar wanda yake karewa, saboda mutane suna rasa haƙƙinsu a kan mutuwar da ba su ji labarinta ba. Duk da haka tsarin bai rage musu aiki ba, sabuwar shari'a ya haifar a cikin shari'a: ƙarar ta faɗi ne gaba ɗaya ko kason mamacin kaɗai, uzurin ya isa ko bai isa ba, wane ne magajin gaskiya. A 1961 Kotun Ƙolin ƙasar ta yanke cewa ƙarar da gwamnatin Punjab ta ɗaukaka a kan wasu 'yan'uwa biyu ta rushe duka, saboda ɗaya ya rasu ba a shigo da magadansa ba, hukuncin kuma na haɗin gwiwa ne. A 2002 sai da alƙalai biyar na kotun suka zauna a kan rigimar diyyar filayen ƙauyen Masudpur da ke Delhi, inda aka kori ƙararrakin mutane masu yawa saboda wasu daga cikinsu sun mutu, suka dawo da su, suka nuna cewa ƙa'idar aiki an yi ta ne don ta taimaki adalci.

Maƙwabciyarta Pakistan, wadda ta gaji doka iri ɗaya daga Turawa, tun 1972 ta sauya hanya. Ta cire faɗuwar ƙara saboda mutuwa, ta ba kotu dama ta ci gaba, ta kuma sa masu shari'a su miƙa jerin sunayen magadansu tun ranar da suka shigar da takardunsu. Idan aron tsari za mu yi, me ya sa za mu ɗauko wanda masu shi suke ta faci, mu bar wanda ya fi kusa da halinmu?

Saura maganar zumunci, wadda na san ita ce ta fi taɓa zuciyar masu karatu. Ni ma ba na son ɗa ya gaji gaba. Amma gaba ba a fayil take zaune ba, a zuciya take, kuma ba abin da ke ciyar da ita kamar mutum ya ji an ƙwace masa abu ba a saurare shi ba. Wanda alƙali ya saurara ya ce ba shi da gaskiya, yakan yi fushi ya haƙura. Wanda aka ce masa an rufe saboda ubanka ya mutu, zai riƙa nuna wa 'ya'yansa gonar duk sanda suka wuce ta gefenta. Idan kotu ta rufe ƙofa, rigimar gona komawa take yi gona, ranar shuka, da sanda da adda. Dagatai da masu unguwanni sun fi kowa sanin haka.

Ƙarshen maganar gonar Baffa ma shaida ce. Lauya ya nemi a sa babban ɗansa a madadinsa, kotu ta amince. Da ɗaya ɓangaren suka ga shari'a ba ta mutu ba, kuma kowa yana iya faɗuwa, sai suka karɓi maganar dattawa. Aka zauna a zauren dagaci, aka raba fadamar, aka dasa gamba a kan iyaka, aka kai takardar sulhu kotu. Yau muna zuwa sunansu, suna zuwa namu. Da ƙarar ta faɗi da kanta, me zai kawo su zauren? Ba wanda yake sulhu a kan abin da ya riga ya shiga aljihunsa. Mai son sulhu da gaske sai ya nemi a ƙarfafa cibiyoyin sasanci da ke jikin kotuna, irin wadda Legas ta buɗe a 2002 da wadda Kano ta buɗe a 2009, a riƙa tura magada can da zarar an maye gurbi.

Matsayina bai sauya ba: ƙarar dukiya ba ta faɗuwa saboda mutuwa, magada su ci gaba daga inda mamaci ya tsaya. In za a sa wa'adi, a fara ƙirga shi daga ranar da sanarwar kotu ta shiga hannun magada, ta hannun mai unguwa ko dagaci in ta kama, kuma kada ya gaza wata shida, alƙali kuma ya riƙe ikon ƙarawa inda akwai marayu ko ciki. A sa duk mai shari'ar ƙasa ya rubuta sunayen magadansa da lambar wayar mutum biyu tun farko. A karɓi shaidar dagaci ko limami a kan rasuwa inda babu takardar hukuma. Lauyan da ya ji rasuwa ya yi shiru a tuhume shi, kada a huce a kan iyalan. Shari'ar da mai ita ya tsufa ko yake jinya a matso da ita gaba. Yawancin waɗannan ba sa buƙatar a taɓa tsarin mulki, domin Alƙalin Alƙalan Najeriya, Shugaban Kotun Ɗaukaka Ƙara da manyan alƙalan jihohi suna da ikon tsara ƙa'idojin kotunansu, kuma su nake roƙo su duba.

Kai kuma mai karatu, idan mahaifinka ko mijinki yana da shari'ar gona ko gida a kotu, kada a jira ranar buɗe adaka. A zauna da shi yau a tambaye shi wace kotu ce, mece ce lambar ƙarar, wane ne lauyan, a rubuta a ba mutum biyu su ajiye.